Hoton bangon bidiyon gem yana fitowa dishi-dishi, ta ina ake gyarawa?

Ɗan Jahun:

Assalamu alaikum 'yan'uwa. Tambaya gare ni ga waɗanda suka san harkar. Muna ɗora bidiyon gasar ƙwallo ta gem a YouTube da Facebook. Wasu wasannin a waya ake buga su, eFootball da PES na PPSSPP (manhajar da ake buga gem ɗin PSP da ita a waya), wasu kuma a gidan gem na garinmu inda akwai PS4 ɗaya da PS3 biyu. Matsalar hoton bango ce, wanda mutum yake gani kafin ya danna bidiyon. Yadda muke yi shi ne idan an gama haɗa bidiyo, sai a kunna shi a waya, a tsayar a wurin da aka ci ƙwallo, a yi sikirinshot, a tura wa mai yi mana rubutu ta WhatsApp. In ya dawo da shi aka ɗora, sai ka ga ɗan wasan ya yi dishi-dishi, ciyawa ta farfashe, ga baƙin layi sama da ƙasa, wani lokacin har madannan wasa suna jikin hoton. Na PS kuwa talabijin ɗin muke ɗauka da kyamarar waya, sai ya fito da layi-layi. Wayar Infinix ce mai allon 720. Babu kwamfuta sai ta mai shagon turi, wadda yake ba mu aro da daddare. Don Allah a yi mana bayani dalla-dalla.

Injiniyan Kazaure:

Wa alaikumus salam. Ƙanina, wayarka ba ta da laifi kamar yadda kake zato. Hanyar da hoton yake bi kafin ya isa YouTube ita ce take cinye shi. Ƙirga da kanka: mai naɗar allo ya matse bidiyon, manhajar da ka haɗa shi da ita ta sake matsewa wajen fitarwa, ka yi sikirinshot daga wannan, WhatsApp ya matse, mai rubutu ya fitar a JPG, ya maido ta WhatsApp an kuma matsewa, sannan YouTube ya yi nasa. Kamar fotokwafin fotokwafi ne, kowane zagaye sai an rasa wani abu, kuma abin da aka rasa babu manhajar da take dawo da shi. Saboda haka hoton bango aiki ne daban da naɗar bidiyo. Daga cikin gem ɗin kansa ake ɗaukarsa, gem yana kunne.

Fara da lissafin girma. Girman da aka saba amfani da shi a YouTube shi ne fiksel (ɗigon hoto) 1280 a kwance, 720 a tsaye, wato 16:9, kuma kada faɗin ya gaza 640. Allon wayoyin Infinix da Tecno da itel na yanzu dogo ne, kusan 20:9. Mai 720 idan ka kwantar da ita hoton yana fitowa 1600 da 720, wasu 1612 da 720. Baƙin layin da kake gani sama da ƙasa daga nan yake: an cusa dogon hoto cikin 16:9 ba tare da an yanke shi ba, dole a rage shi ya shiga, sai a cike gurbin da baƙi. Maganin shi ne ka datse fiksel 320 daga faɗin, ya koma 1280 da 720 cif. Ka ga tsayin bai canza ba, ba a ja hoton ba, ba a ƙara masa girma ba. Ba dole ne ka cire 160 dama 160 hagu ba, kana iya karkatar da yankan inda ɗan wasan yake. Mai wayar 1080 kuma hotonsa 2400 da 1080 ne ko kusa da haka, ya datse 480 ya koma 1920 da 1080.

Amma ka lura da wannan, don nan mutane suka fi faɗawa: a wayar 720 ba ka da rarar fiksel ko ɗaya. Idan ɗan wasan ya fito ƙarami a tsakiyar fili, ka ce bari ka jawo shi da yatsa biyu ya cika hoton, to rabin faɗi da rabin tsayi ka ɗauka, 640 da 360 ke nan, aka buɗe shi ninki biyu. Dishi-dishin da kake kuka da shi ke nan. Dole kyamarar gem ɗin ce za ta matso kusa da ɗan wasan, ba kai za ka jawo shi bayan an ɗauka ba. A eFootball kyamara tana matsowa da kanta a wurare uku: lokacin da 'yan wasa suke shigowa fili, lokacin murnar cin ƙwallo, da lokacin maimaicin ƙwallon. A waɗannan wuraren madannan fasin da shot ba sa kan allo, don haka matsalarka ta biyu ma ta kau. Murnar ita ta fi bayar da hoto mai kyau, saboda fuska da riga da lamba duk suna fitowa.

Sai setin girafiks. Yawancinmu muna sauke shi ƙasa don wasa ya tafi sumul, kuma daidai ne a lokacin gasa. Sai dai idan yana ƙasa, gem ɗin yana zana hoton a ƙasa da girman allon sannan ya buɗe shi, ga inuwa da gashi da zanen riga duk an rage. To bayan an tashi daga gasar, ka mayar da girafiks sama, ka zaɓi ƙungiyoyin nan biyu da rigunan da suka sa, ka kara da gem ɗin kansa a mataki mafi sauƙi, ka ci ƙwallo biyu ko uku, ka ɗauki hotunanka. Ko wayar tana sarƙewa ba komai, hoto ɗaya tsayayye kake nema. In ka gama ka mayar da setin yadda yake. Haka yake a Free Fire, daga Smooth zuwa Ultra, ko PUBG Mobile daga Smooth zuwa HD idan wayar ta yarda.

Kada ka yi wannan aikin waya tana caji ko da tsakar rana a watan Afrilu. Waya in ta ɗau zafi tana rage ƙarfin kanta, hoton ya riƙa tsalle, ka danna a daidai lokacin amma abin da ya fito na bayansa ne. Cire mata riga, ka bari ta huce, ka yi da safe ko bayan isha.

Wajen dannawa, haɗa madannin kashewa da na rage sauti yana girgiza hannu, kuma in ɗaya ya riga ɗaya sai layin sauti ya fito a gefen hoton. Jan yatsa uku ƙasa ya fi sauri a Infinix da Tecno, in ka kunna shi a setin. Ka kuma toshe saƙonni kafin ka fara, kada sunan wani da rabin saƙonsa su fito a saman hoton ka ɗora ba ka lura ba. Ka ɗauki goma ko fiye a kowace murna. Tsakanin danna da ɗauka akwai ɗan jinkiri, mafi yawansu za su fito ɗan wasa ya juya baya ko hannu ya rufe fuska.

Na WhatsApp kuma, in kuna gari ɗaya ku yi amfani da Xender ko Bluetooth, su ba sa taɓa fayil. In dole sai WhatsApp, kada ka tura ta wajen hotuna, ka tura shi a matsayin dokumen. Shi ma mai rubutun ya maido ta haka.

Mai Gidan Gem, Wudil:

Injiniya ya gama da ɓangaren waya, bari in ɗauki na PS.

Ɗaukar talabijin da kyamarar waya ku daina shi gaba ɗaya. Layi-layin nan da launin bakan gizo suna fitowa ne saboda ɗigon allon talabijin da ɗigon kyamarar waya ba sa daidaituwa, sannan hasken allon yana kyaftawa da saurin da ido ba ya gani amma kyamara tana kamawa. Ka ƙara da hasken ƙofa da yake faɗowa kan gilashin da kan yaran da suke zaune a gaba. Babu gyaran da zai fitar da wannan.

PS4 yana da abin ɗaukar hoto a jikinsa. Madannin SHARE ne, ƙarami a hagun fad daga sama. Yadda ya zo daga kamfani, in ka danna sau ɗaya menu ne yake buɗewa, sai ka danne ka riƙe sannan ya ɗauki hoto, wanda hakan yana sa ka makara. Shiga Settings, ka je Sharing and Broadcasts, ka nemi inda ake canza aikin madannin, ka zaɓi Easy Screenshots. Daga nan taɓawa ɗaya hoto ne. A wuri guda akwai setin irin fayil, JPEG ko PNG. Ka sa PNG, domin shi ba ya zubar da komai. Ya fi nauyi, amma wannan shi ne asalin da za a yi aiki a kai, sai a ƙarshe a mayar da shi JPG sau ɗaya tak.

Abin da ya sa nake cewa a ɗauki hoto kai tsaye: PS4 na gama-gari, wanda ba Pro ba, bidiyon da yake naɗa wa kansa 720 ne, firem 30, wato hoto tsayayye 30, a daƙiƙa. Hoton da SHARE ya ɗauka kuwa 1920 da 1080 ne. Wato daga inji ɗaya, wasa ɗaya, hoton ya fi firem ɗin bidiyon fiksel fiye da ninki biyu. Kuma da 1080 kana da rarar da Injiniya ya ce mai wayar 720 ba shi da ita: kana iya yanko kashi biyu cikin uku na faɗi da tsayi, ya ba ka 1280 da 720 ba tare da an buɗe shi ba.

A FIFA da FC da PES na PS4, da zarar an ci ƙwallon da kuke so, wanda yake riƙe da fad ya tsayar da wasa ya shiga maimaici. A can za ka iya kai wasan gaba da baya a hankali, ka juya kyamara, ka matso da ita. Akwai madannin da yake ɓoye rubutun umarnin da ke ƙasan allo, kowane gem da nasa, amma a rubuce yake a wurin, ka duba ka danna kafin ka ɗauka. Ka sauko da kyamarar kusa da ƙasa tana kallon ɗan wasan daga gaba ko gefe. Kyamarar da ake wasa da ita daga sama take, kowa ƙarami ne a cikinta. Abin lura shi ne maimaicin ɗan lokaci kaɗan yake riƙewa, in aka ci gaba da wasa an wuce shi ke nan. Don haka ku yi yarjejeniya da 'yan gasar tun kafin a fara cewa bayan ƙwallo mai kyau za a tsaya minti ɗaya. In ba haka ba wanda aka ci zai ce ana ɓata masa lokaci, mai gida kuma yana kallon man janareto.

Tun wajen zaɓen wasa ku sa shi da rana, sama garau. Wasan dare da fitilun fili yana da kyau a babban talabijin, amma a ƙaramin hoto duhu yake yi. Ku kuma raba launin riguna sosai, kada a haɗa ja da ruwan goro ko shuɗi da baƙi.

Fitar da hotunan: sa filash a gaban PS4, ka buɗe Capture Gallery, ka danna OPTIONS, ka zaɓi kwafa zuwa USB. Filash ɗin dole ya zama FAT32 ko exFAT. In NTFS ne injin ba zai gan shi ba, sai ka ɗauka ya lalace alhali lafiyarsa ƙalau. Hotunan za su shiga folda mai suna PS4, cikin SHARE. Daga filash zuwa waya ƙaramin kan OTG, mai haɗa filash da bakin cajin waya, kawai kake buƙata, masu kayan waya a Farm Centre da Beirut a Kano duk suna da shi, ko a kasuwannin ƙauye ana samu. Ka duba bakin cajin wayarka kafin ka saya, Type-C ne ko tsohon.

PS3 kuma labarinsa daban. Ba shi da madannin hoto, 'yan gem kaɗan ne suke ba da dama daga menu. Sannan HDMI ɗinsa a kulle yake da kariyar HDCP wadda ba a kashewa, shi ya sa ƙaramin abin naɗa na HDMI zuwa USB yakan nuna baƙin allo in aka jona shi. A PS4 ana kashe wannan kariyar a Settings cikin System, a PS3 babu wurin. Hanyar da aka sani ita ce kebul na component mai kai biyar da abin naɗa mai karɓarsa. Shawarata, kada ku kashe kuɗi a kan wannan saboda hoton bango kawai. In an buga wasan a PS3, ku je PS4 ku zaɓi ƙungiyoyin ku ɗauki hoton a can, matuƙar gem ɗin iri ɗaya ne.

Ɗan Jahun:

Allah ya saka da alheri, Injiniya da Oga. Na fahimci na PS4. Saura biyu. Na PPSSPP ko na yi sikirinshot a cikin gem ɗin, 'yan wasan suna fitowa da kaifi-kaifi a gefe, ga madannai cike da allo. Sannan akwai tsofaffin bidiyon gasar Sallah da muka riga muka naɗa, ba yadda za a sake buga su. Su ya za a yi?

Malam Na-Ringim:

PPSSPP kwaikwayon PSP yake yi, ƙaramin injin gem na hannu, shi kuwa PSP allonsa 480 da 272 ne kacal. In setin yana kan ninki ɗaya, wannan ɗan hoton ake buɗewa ya cika maka allo. Shiga Settings, Graphics, ka nemi Rendering resolution. Ninki biyu 960 da 544 ne, bai kai ba. Ninki uku 1440 da 816, ya wuce 1280 da 720, shi kake buƙata. Ninki huɗu 1920 da 1088. Wayarka wataƙila ba za ta iya wasa a ninki uku ba, to yi abin da Injiniya ya faɗa: ka ɗaga don hoto, ka sauke don wasa. Dabara mai sauƙi ita ce ka yi Save state, wato ka ajiye wasan a daidai inda yake, ana dab da bugun fanareti ko firikik, ka ɗaga setin, ka loda, ka ci, ka ɗauka. In bai yi ba ka sake lodawa, ba sai ka buga wasa daga farko ba. In ka kunna tsallake firem don sauri, shi ma ka kashe shi a lokacin.

Madannan kuma suna cikin Controls. Akwai inda ake rage haskensu, akwai kuma inda ake sa su ɓace da kansu in an ɗan jima ba a taɓa allo ba. Ka sa daƙiƙa biyu ko uku, ka ɗage hannu lokacin murna, su ɓace, ka ɗauka. Mai fad na Bluetooth ya kashe su gaba ɗaya. Ka sani dai ɗaga ninki yana gyara gefen jiki da layin fili ne, fuskar ɗan wasa da tambarin riga ba za su wuce yadda aka zana su ba. Don haka a PPSSPP kada ka matso da fuska sosai, ka ɗauki rabin jiki ko mutum biyu suna takara.

Tsofaffin bidiyo kuma, fara neman asalin fayil ɗin da aka naɗa, ba wanda ya fito daga CapCut ba, ba kuma wanda aka sauke daga Facebook ba. In yana nan a waya ko memori, da shi za a yi aiki. A kwamfutar mai turi ka buɗe shi da VLC, ka tsayar kusa da wurin, ka riƙa danna harafin E, kowace dannawa firem ɗaya gaba. In ka samu wanda ya yi, Shift da S, zai ajiye shi PNG a foldar hotuna da cikakken girman bidiyon. E gaba kawai yake tafiya, don haka ka tsayar kafin wurin. A waya kuma Google Photos yana da wurin fitar da firem idan ka shiga gyaran bidiyo. Ya fi sikirinshot saboda babu layin lokaci da alamar kunnawa, kuma girman bidiyon yake bayarwa, ba girman allo ba.

Zaɓen firem ɗin shi ne aikin. Bidiyo ba ya ajiye kowane firem cikakke. Lokaci-lokaci yake ajiye cikakke, na tsakani kuma bambanci kawai yake rubutawa. In kyamara tana gudu tana bin ƙwallo, komai yana canzawa lokaci guda, sai ciyawa da 'yan kallo su farfashe su zama murabba'i-murabba'i. Ciyawa ta fi komai wahalar matsewa. To kada ka nemi lokacin da ƙwallo take tashi. Nemi inda motsi ya lafa: ɗan wasa ya tsaya gaban ƙwallo kafin fanareti, gola ya buɗe hannu yana jira, ko daƙiƙa ɗaya bayan kyamara ta sauya zuwa murna ta zauna. Firem biyu maƙwabta ma suna iya bambanta sosai, shi ya sa ake bi ɗaya-ɗaya.

Gaba kuma, in za ku naɗa, ku duba setin mai naɗar allon, ku sa girma da inganci a sama. Fayil zai yi nauyi, amma ba shi za ku ɗora ba, asali ne na ajiya.

'Yar Gumel:

Sannunku da ƙoƙari. Ni ɓangaren mai rubutun zan taɓa, don ana iya kawo masa hoto garau ya lalata shi.

A PixelLab ya fara saita girman aikin 1280 da 720 kafin ya shigo da komai. In ya bar shi a murabba'in da manhajar take buɗewa da shi, daga baya ya ja, 'yan wasa za su yi ƙiba ko su rame. Hoton kuma ta kusurwa ake jansa, ba ta gefe ba. PixelLab yana aiki ba data, wanda ya fi dacewa da inda netwok yake zuwa yana ɗaukewa. Canva kuwa galibi sai da intanet.

Tun wajen ɗauka a bar wa rubutu wuri. Ɗan wasa ya kasance a gefe ɗaya, kusan kashi ɗaya cikin uku na faɗin, ɗaya gefen ya zama ciyawa ko 'yan kallo. In ya zauna a tsakiya rubutu sai ya hau kansa. Kusurwar ƙasa ta dama a bar ta fayau, nan YouTube yake manna tsawon bidiyon, kuma can ƙasa jan layi yana bi ga wanda ya taɓa kallo. Sau da yawa za ka ga an sa sakamakon wasa a daidai wurin, 3-2 ta koma 3 da wani baƙin akwati.

Kalma uku ko huɗu sun isa. Sunan bidiyon yana ƙasa, ba sai an maimaita shi a hoton ba. "Jahun 3 Kiyawa 2" ko "Fanareti a minti 90" ya wadatar. Fari ko rawaya mai kauri, da baƙin zagaye a gefen haruffa. Ja a kan koren ciyawa ba ya karantuwa, ido yana wahala da shi.

Ga wani abu da ya shafe mu mu kaɗai: haruffa masu lanƙwasa. Yawancin salon rubutu na ado da ake saukewa ba su da ƙ da ɗ da ɓ. Ka rubuta "ƙwallo" sai harafin farko ya zama akwati, ko ya fito siriri da wani salo daban a tsakiyar masu kauri. Noto Sans da Andika suna da su duka, a sauke masu kaurin a shigar cikin PixelLab. Gboard kuma yana da allon Hausa. In an ƙi haka, a zaɓi kalmomin da ba su da lanƙwasa, amma kada a rubuta da akwati a ɗora.

Launi kuma a ƙara haske da kaifin launi kaɗan a Snapseed, kaɗan fa. Masu kallonku da yawa sun rage hasken waya don caji ya kai su dare, wasu kuma a waje suke cikin rana, don haka hoto mai duhu ba a ganinsa. Amma in aka cika, ciyawa tana komawa kore mai ƙyalli, fuska ta yi ja. Mai gyaran ya kashe setin kare ido kafin ya fara, wanda yake sa allo ya yi rawaya-rawaya, in ba haka ba zai gyara launin da ba shi ne na gaskiya ba. Wajen ƙara kaifi kuma a yi hattara da firem ɗin da aka ciro daga bidiyo, farfashewar ce take ƙara fitowa.

A fitar a JPG mai inganci sama. A 1280 da 720 ba zai kai MB 1 ba ma yawanci, kuma in kun tsaya ƙasa da MB 2 ba za ku samu matsalar ɗorawa ba ko daga waya. PNG na 1080 daga PS4 yakan wuce haka, shi ya sa wani ke cewa hoton ya ƙi hawa. Kafin a ɗora, a duba shi a cikin jerin hotunan waya inda yake ɗan ƙarami. In ba a gane wane ne da abin da aka rubuta a haka ba, a koma.

Injiniyan Kazaure:

Hajiya ta kawo abin da na manta. In ƙara ɗaya: in wurin sa hoton bango bai buɗe muku ba a YouTube Studio, tashar ce ba a tantance ta da lambar waya ba. Za su turo lambobi ta saƙo ko kira. Lamba ɗaya tasha biyu kawai take tantancewa a shekara, don haka kada a yi ta amfani da layin mutum ɗaya ga duk abokai.

Sai dai ina da ja a kan shawarar Oga ta ɗaukar hoton PS4 a sa wa wasan PS3. In mutum ya ga hoto garau ya danna ya tarar da wani abu daban, fita zai yi, kuma fitar da wuri tana rage yadda ake nuna bidiyon ga wasu. Hoton da ya yi nisa da abin da ke ciki ma YouTube yana ɗaukarsa yaudara.

Mai Gidan Gem, Wudil:

Maganarka tana kan hanya, Injiniya, shi ya sa na ce in gem ɗin iri ɗaya ne. PES 2018 ya fito a PS3 da PS4 duka, ƙungiya ɗaya, riga ɗaya, wannan ba yaudara ba ce. Amma a ɗauko FC na bana a manna wa PES 2013, wannan kam ban ce ba. In babu irinsa a PS4, a ciro firem daga bidiyon kamar yadda Malam ya nuna, a rage girman hoton gem ɗin ya zama rabin bango, sauran rabin a sa launi ɗaya da tambarin ƙungiyoyin da sakamako. Hoto mai rauni in bai cika bangon ba rauninsa ba ya fitowa sosai.

'Yar Gumel:

Tunda kun ce har Facebook kuna ɗorawa, ku ajiye asalin hoton ba rubutu, domin Reels da TikTok da Shorts a tsaye suke, 1080 da 1920, bangon 16:9 ba zai zauna ba sai an sake yanka. A nan hoton PS4 ma tsayinsa 1080 ne kawai, don haka kada a buɗe shi ya cika, a sa shi a tsakiya, rubutu sama da ƙasa. Shorts kuma daga cikin bidiyon ake zaɓen firem lokacin ɗorawa a waya, to ku saka hoton a farkon bidiyon na rabin daƙiƙa a CapCut sannan ku zaɓe shi. Wannan rabin daƙiƙar tana amfani ga waɗanda za su karɓi bidiyon ta WhatsApp ko wajen mai turi, domin galibi firem na farko waya take nunawa a jikin fayil, in kuwa bidiyon da baƙin allo ya fara, baƙi za su gani.